Shin Ko Kun San? Tiyon Lambu, Katifa Mai Tafiya da Kakannin Ibro a Faransa

Shin ko kun san cewa fim ɗin da ake ɗauka a matsayin na barkwanci na farko a duniya bai cika minti ɗaya ba, kuma jaruminsa mai ban ruwan lambu ne? Louis Lumière ne ya ɗauke shi a Faransa cikin 1895. Sunansa L'Arroseur arrosé, wato mai ban ruwa ya sha wanka. Mai lambu na tsaye yana fesa wa shuka ruwa da tiyo, sai wani yaro ɗan ƙiriniya ya lallaɓo ta baya ya taka tiyon. Ruwa ya ɗauke. Mai lambu ya juyo da bakin tiyon yana leƙawa, ko me ya toshe shi? Yaro ya ɗage ƙafa. Sauran kun sani. Hula ta yi nata wuri, fuska ta jiƙe sharkaf, mai lambu ya bi yaro da gudu ya cafko shi ya ɗirka masa duka. Labari ya ƙare.

Wanda ya fito a mai ban ruwan ma ba ɗan wasa ba ne. François Clerc sunansa, mai kula da lambun gidan su Lumière. Aikinsa na kullum aka ce ya yi, sai dai a wannan karon ya yarda a jiƙa shi.

Shin ko kun san dalilin da ya sa da ya kama yaron bai doke shi a inda ya kama shi ba? Sai da ya janyo shi kiii ya dawo da shi tsakiyar hoto tukuna. Kyamarar lokacin a kafe take a kan ƙafafunta, ba ta waiwaye, ba ta bin mai gudu. In an yi dukan a gefe, mai kallo ya yi asara. Ni a wurina wannan janyowar ta fi fesa ruwan ban dariya, don ta nuna tun ranar farko masu fim sun gane cewa duka a ɓoye ba ya kawo kuɗi.

Na ga irin wannan da idona a Jalingo, a wani wurin wankin mota kusa da Mayo Gwoi. Maigidan wurin yana ta fama da wata Hilux da ta dawo daga ƙauye da jar laka har gilashi, ƙaramin yaronsa ya sa diddige a kan tiyo yana kallon sama kamar ba shi ba. Maigida ya girgiza tiyon, ya daka wa mai kula da inji tsawa, sannan, kamar an rubuta masa, ya kai ido bakin tiyon. Yaron nan bai taɓa jin sunan Lumière ba. Mu da ke zaune a benci muna jiran layi muka kwashe da dariya har da mai motar, wanda ashe shi ma ruwan ya same shi a babbar riga.

Shin ko kun san mutum 33 kacal suka biya kuɗin shiga a ranar da aka fara nuna finafinan Lumière ga jama'a? Ranar 28 ga Disamba 1895 ce, a wani ɗaki na ƙarƙashin ƙasa a Grand Café da ke birnin Paris, kowane kai faran ɗaya. Gajerun finafinai goma aka nuna. Galibinsu abin yau da kullum ne, ma'aikata na fitowa daga masana'anta, ana ba jariri abinci. Amma da aka tashi zana hoton talla, mai ban ruwan nan aka sa, ga 'yan kallo a ƙasa suna tuntsira dariya.

To shin ko kun san Jalingo ta girmi silima? Da shekara biyu. A 1893 Sarkin Muri Muhammadu Nya ya mayar da ita mazauninsa. Kuma akwai hannun Bafaranshe a labarin, sai dai nasa ba na dariya ba ne. Louis Mizon, hafsan sojan ruwa, ya hauro Binuwai, ya ƙulla yarjejeniya da Sarki, kuma a 1892 ya ba da manyan bindigoginsa aka ci garin Kona da yaƙi. Kamfanin Ingila da ke riƙe da cinikin kogin ya yi ta ƙorafi har aka janye shi. Ke nan kafin mutanen wannan yanki su ga barkwancin Faransa, igwarta suka fara gani. Mu koma kan tiyo.

Shin ko kun san cikin waɗanda suka ga na'urar Lumière tun farko akwai wani mai wasan rufa-ido da ya nemi a sayar masa aka hana shi? Georges Méliès ke nan. Ya je ya nemo tasa, ya gina ɗakin ɗaukar fim na gilashi a Montreuil cikin 1897, ya yi finafinai sama da 500. Dabararsa ita ce ya tsayar da kyamara, a sauya abu, a ci gaba da ɗauka. Sai ka ga kujera ta ɓace daidai lokacin da mutum zai zauna. A wani fim na 1901 ya ɗora kansa a tebur, ana hura shi da zugazugi yana kumbura kamar balan-balan, har mataimaki ya wuce gona da iri kan ya fashe. Duk ɓacewar boka da bayyanar aljani da muka sha kallo a finafinan kaset, daga wannan tsatson suke.

Shin ko kun san mace ce ke jagorancin shirya finafinai a ɗaya daga manyan kamfanonin Faransa biyu na lokacin? Alice Guy ta shiga kamfanin Gaumont a matsayin sakatariya, ta zama shugabar masu shirya fim har zuwa 1907. Kuma hannunta a barkwanci ba sanyi. Ku ji wannan na 1906. An ba wata mata gyaran katifa. Ta farke ta a fili, ta tafi shan abin sha. Wani mashayi ya zo yana tangaɗi, ya ga wuri mai laushi, ya shige ciki ya yi barci. Matar ta dawo ta ɗinke bakin katifa ba ta duba ba, ta saɓa a baya. Daga nan katifa ta fara motsi. Ta gangara tudu, ta faɗo daga gada, mota ta bi ta kanta, matar na biye tana haki. Da ƙyar aka kai ta gidan masu ita, miji da mata suka kwanta, katifa ta yi tsalle da su. Suka wurgo ta ta taga. Wanda duk ya taɓa kai katifar auduga wurin mai ɗinki ya san babu abin da aka ƙara a labarin nan sai mashayin.

Alice Guy ce kuma ta yi wani fim a wannan shekarar inda maza ke guga da raino suna kwalliya, mata na zaune a mashaya suna busa taba. A 1906 fa.

Shin ko kun san akwai lokacin da rabin barkwancin Faransa gudu ne kawai? Wani ya ɗauki abu ya ruga, a bi shi. Duk wanda aka bangaje a hanya, mai tallan ƙwai ne, mai fenti a kan tsani ne, mai tura jariri ne, sai ya tashi ya karkaɗe jiki ya shiga sahu. Kafin a ƙare, unguwa guda na gudu, na bayan ma bai san abin da ake bi ba. Mu nan ba sai an yi mana bayani ba. A yi ihun ɓarawo sau ɗaya a babbar kasuwar Jalingo ku ga yadda masu bi ke ninkuwa daga layin 'yan doya zuwa bakin titi.

Mafi shahara a irin waɗannan shi ne tseren kabewa na Gaumont, wajen 1908. Kabewoyi suka zubo daga amalanke suka kama hanya. Suka tsallake shinge, suka shiga gida ta taga, suka hau bene, suka fita ta bututun hayaƙi, masu su na biye har da jaki. Daga ƙarshe suka hau tudu da kansu suka koma cikin amalanken. Yaya aka yi kabewa ta hau tudu? An gangaro da ita ne aka ɗauka, sannan aka juya fim ɗin baya. Haka ma saurin gudun. Da hannu ake murza kyamara, kamar injin taliya, kusan hoto 16 a daƙiƙa. In mai ɗauka ya rage saurin murzawa, ranar nunawa sai mutane su riƙa zirga-zirga kamar an zuba musu tururuwa a wando.

Shin ko kun san 'yan sandan barkwanci na Amurka, waɗanda ke cika mota su faɗo ɗaya bayan ɗaya, daga Faransa aka kwaso su? A 1907 kamfanin Pathé ya fitar da fim ɗin kare da ya saci nama a wurin mahauci. 'Yan sanda suka bi shi, suna ƙaruwa, har kan rufin gida. Da aka isa makwancin karen sai reshe ya juye da mujiya, kare ya biyo su har caji ofis. Mack Sennett, wanda ya kafa kamfanin Keystone mai waɗancan 'yan sandan Amurka a 1912 kuma ya fara ɗaukar Charlie Chaplin aikin fim, bai ɓoye ba cewa a wurin Pathé ya kwashi dabarunsa na farko.

Maganar kwasa, shin ko kun san satar fasaha ta girmi faifan CD nesa ba kusa ba? An kwafi fim ɗin Méliès na tafiya duniyar wata, na 1902, aka yi ta sayarwa a Amurka bai ga ko sisi daga kwafin ba. Shi ya sa kamfanoni suka riƙa liƙa tambarinsu a jikin bango cikin wasan kansa. Na Pathé zakara ne. Har zuwa 1907 ma da awon mita suke sayar da fim, kamar yadi, galibi ga masu yawo da tanti kasuwa-kasuwa, kafin su koma bayar da haya.

Yanzu ga wanda ya fi shafar mu. Shin ko kun san salon nan na "Ibro kaza", "Ibro kaza", Faransawa sun yi shi tun kafin Yaƙin Duniya na Farko? Sun gano cewa mai kallo ba labari yake saye ba, mutum yake saye. A 1906 Pathé ta fito da André Deed a matsayin Boireau, wani gaɓo mai fasa duk abin da ya taɓa. Yau Boireau ya koyi sana'a, gobe Boireau ya tashi daga gida, jibi Boireau ya nemi aure. Sunan ya isa talla. Da ya yi tashe sai wani kamfanin Italiya da ke Turin ya ɗauke shi a 1909, aka raɗa masa Cretinetti. A Sifaniya Toribio suke kiransa. Kowace ƙasa ta ba shi sunan wawanta, tunda babu murya balle a ce baƙo ne. Bayansa aka samu Rigadin, Calino, Zigoto, Onésime, kowa da rigarsa da irin wautarsa.

Ku ɗora wannan a kan marigayi Rabilu Musa, wato Ibro, ɗan Ɗanlasan ta ƙaramar hukumar Warawa a Kano, wanda ya yi aikin gandiroba kafin wasa ya ɗauke shi gaba ɗaya, ya rasu ranar 10 ga Disamba 2014. Ibro Awilo, Ibro Usama, Ibro Saddam. Wa ya taɓa tambayar mai shagon kaset labarin da ke ciki? "Akwai sabon Ibro?" ita ce tambayar. Kafin shi ma an yi Samanja Mazan Fama na Usman Baba Pategi da Karkuzu a talabijin, suna ɗaya, hali ɗaya, matsala ce ke sauyawa kowane mako. Ban ce wani ya kwaikwayi wani ba. Kasuwa ce iri ɗaya ta haifi dabara iri ɗaya: a yi da sauri, a yi da araha, a sa fuskar da aka sani. Inda suka rabu shi ne baki. Rabin Ibro a harshe yake, a karya magana da kwaikwayon karin wasu. Ɗaya rabin kuwa, zare idon nan, tafiyar nan, gudun ceton rai da riga a hannu, da an cire sauti aka kai Paris ta 1910 da ya ci abinci da shi.

Shin ko kun san wanda Chaplin ya kira malaminsa? Max Linder. Sunansa na yanka Gabriel Leuvielle, an haife shi a 1883 kusa da Bordeaux, ya shiga Pathé a 1905. Shi ya sauya lissafin. Sauran suna shigar wawaye, shi kuwa ya fito tsaf, kwat mai kyau, doguwar hula mai sheƙi, safar hannu, sanda, ɗan gashin baki. Ya fahimci abin da kowane ɗan kasuwa ya sani: almajiri ya zame a laka, a ce sannu. Alhaji mai shadda da sitati ya zame a wurin, sai kowa ya juya baya yana danne dariya. Faɗuwa tana daɗi ne gwargwadon girman da aka faɗo daga kansa.

A fim ɗinsa na 1907 ya je koyon zamiya a kan ƙanƙara, ya yi ta faɗuwa yana tashi yana gyara hula kamar ba abin da ya faru. A na 1910 ya sayo bahon wanka, famfo kuma a waje yake, a kan matakalar bene. Ya janyo baho ya cika, ya kasa mayar da shi ɗaki, ya ce to a yi a nan. Maƙwabta suka kira hukuma. Aka ɗauke shi cak, shi da baho da ruwa, aka ratsa titi da shi zuwa caji ofis. Chaplin ya ba shi hotonsa da rubutu a jiki, ya kira shi farfesa, ya kira kansa almajiri. Ƙarshen Max bai yi daɗi ba. Yaƙin 1914 ya taɓa lafiyarsa, zuwansa Amurka bai ba da abin da aka zata ba, kuma a 1925 shi da matarsa suka mutu tare a wani otal a Paris, suka bar jaririya. Ita ce Maud Linder, wadda ta girma ta shafe shekaru tana tattaro finafinan uban da ba ta sani ba.

Shin ko kun san an yi fim a 1912 kan mai gaggawar cin gado? Onésime aka ce sai bayan shekara ashirin zai karɓi dukiyar kawunsa. Ya je ya taɓa babban agogon birni. Duniya ta kama gudu. Magina suka tayar da gida nan take, aka ɗaura aure, aka haihu, yaro ya zama saurayi kafin a ajiye shi. Jean Durand ne ya shirya, shi da tawagarsa ta 'yan tsalle-tsalle da suka ƙware wajen rugurguza ɗaki har bango.

Yara ma ba a bar su a baya ba. A wani fim na 1913 wani ɗan ƙaramin yaro da ake kira Bout de Zan ya saci giwa. Giwa ta gaske.

Shin ko kun san finafinan da ake kira bebaye ba a kallonsu shiru? Akwai mai fiyano, akwai mai buga kwano da fasa faranti a bayan labule, sau da yawa kuma akwai mai baki da ke tsaye gefen farin ƙyalle yana fassara abin da ke gudana yana ƙara gishiri. Dattawanmu sun san wannan mutumin. Shi ne mai sharhin majigi, motar nan ta gwamnati da ke zuwa ƙofar fada ko filin makaranta bayan isha, a kafa ƙyalle, a nuna tsabta da noman auduga, a haɗa da ɗan abin dariya don kada jama'a su watse. Chaplin ya shiga garuruwan Arewa da dama ta wannan hanyar. A Ikko aka fara nuna fim a Najeriya, a zauren Glover cikin Agusta 1903, Kano kuma ta sami silimar Rex a 1937. Masu fassara finafinan Indiya na yau, da ke sa wa jarumi baƙar magana irin ta 'yan tasha, jikokin wancan mai bakin ne.

Ita kalmar slapstick da Ingilishi ke kiran wannan salo da ita, sunan sanda ce: falanki biyu sirara a haɗe, na 'yan wasan dandalin Italiya. In an maka wa mutum sai ta yi ƙara kamar an karya shi, alhali ko zafi bai ji ba. Wanda ya taso yana kallon tashe da azumi, yaro ya manna gemun auduga ya cusa tsumma a ciki yana dogara sanda yana faɗuwa, ko ya ga 'yan kama da wawan sarki, ya san wannan yarjejeniyar: a ji ƙara, kada a ga jini.

A garin da ake Fulatanci da Mumuye da Jukun da Hausa da wasu harsunan a layi ɗaya, irin wannan wasa yana da wata daraja ta daban. Kwanan baya a teburin mai shayi a Sabon Gari, wani mai Keke Napep ya jingina wayarsa da gwangwanin madara, sifikar ta mutu, yana kallon wani ɗan gajeren bidiyo: mutum ya ɗauko tsani a kafaɗa, duk juyawar da zai yi sai ya kwashe wani. Mu shida muka sunkuya a kan wayar. Biyu daga ciki ko gaisuwar kirki ba su iya yi da juna ba sai da hannu. Da tsanin ya kwashe ɗan sanda, tare muka fashe, har mai shayi ya zubar da rabin kofin da yake sheƙawa.

Shin ko kun san yawancin waɗannan finafinai sun ɓace? Abin da ake yin fim da shi a lokacin yana kamawa da wuta kamar fetur, in ya tsufa kuma ya narke ya zama gari. Tun a Mayun 1897 gobarar da ta tashi daga fitilar na'urar nuna fim a wata kasuwar sadaka a Paris ta kashe mutum sama da 120. Da yaƙi ya zo a 1914, 'yan wasa suka tafi fagen daga, Amurka ta karɓe kasuwa. An narkar da ɗaruruwan finafinan Méliès, aka cire azurfar jiki, sauran aka yi dunduniyar takalmi da shi. Shi kansa ya ƙone ragowar da ke hannunsa a 1923 don takaici, daga baya aka same shi yana sayar da alewa da kayan wasan yara a wani ɗan shago a tashar jirgin ƙasa ta Montparnasse.

Daga cikin waɗanda suka tsira akwai na wata yarinya mai suna Léontine, da Pathé ta yi tsakanin 1910 da 1912. Ita ce ta toshe ko'ina ta buɗe famfo ta cika gidansu da ruwa don kawai ta ga ɗan jirgin ruwanta na wasa yana yawo, har ruwa ya huda daɓe ya sauka kan maƙwabtan ƙasa. Wata rana aka bar mata tsaron gida, kafin a dawo ta haɗa gobara da ambaliya, ta kuma ɓatar da jariri da kare. Masu binciken tarihin fim sun tono takardun kamfani da jaridun lokacin, sun gano sunayen abokan wasanta, ciki har da Sarah Duhamel mai fitowa a Rosalie. Ita kuwa Léontine, shin ko kun san har yau ana neman sunanta na gaskiya?